Daga Fuloti Zuwa Dilar Gwanjo: Ina Audugarmu Ta Shiga?

Jawabin baƙo mai jawabi a taron shekara-shekara na Ƙungiyar Tsofaffin Ɗalibai

 

Lokacin da sakataren ƙungiya ya aiko mini da takarda cewa ni zan yi jawabin bana, na gaya masa ni ba malamin jami'a ba ne. Abin da na sani shi ne na yi shekara ashirin da 'yan kai a ɗakin saƙa na wata masaƙa a Kaduna, da aka rufe ta kuma na koma sayar da yadi. Sai ya ce ai dalilin da ya sa aka zaɓe ni ke nan. To, tun da haka ne, zan yi magana a kan abin da na sani, wato tufafi, da yadda kasuwarsu ta juya a duniya, da kuma inda juyin ya bar mu, mu mutanen Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa.

Kafin in ci gaba, ina roƙon kowa in ya koma gida ya duba wuyan rigarsa, ko bakin yadin da ya kai wa tela. Zai ga an rubuta Sin, ko Indiya, ko Bangaladash, ko Turkiyya. Da wuya ya ga Nijeriya. Alhali kuwa yawancinmu da muke zaune a nan, da kuɗin auduga aka saya mana akwatin makaranta da fitila da kakin yunifom. Ni dai na tuna mahaifina, Allah ya jiƙansa, ba ya ɗaukar wa kowa alkawarin kuɗi sai ya ce, “A bari a buɗe fuloti.” In an buɗe, sai a ga jakuna da amalanken shanu sun yi jerin gwano, malamin auduga yana duba kaya, ana awo, ana biya nan take. Daga nan motoci su kwasa zuwa gidan gurza na Funtuwa ko na Malumfashi.

Wannan sana'a ta girmi zuwan Turawa nesa ba kusa ba. Kakanninmu mata su suke gurza kaɗa da hannu, su yi shiɓa, su kaɗa zare da abawa da mazari, masaƙa su saƙa fari da saƙi da gwado, marina su rina da baba. A shekarar 1851 Bature ɗan Jamus Heinrich Barth ya iso Kano, ya tarar tufafin da ake saƙawa ana rinawa a ƙasar Hausa suna kaiwa har Tambutu da Tarabulus. A 1902 masu masaƙun Ingila suka kafa kamfanin BCGA, wanda muke kira Bisije, don su sami audugar da ba ta Amurka ba. Da jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911 sun zaci auduga za ta yi ta kwarara zuwa Ingila. Ba haka aka yi ba, domin masaƙan gida sun fi Bature sayen kaɗa da daraja, manoman Kano kuma suka karkata ga gyaɗa. Ƙasar da ta riƙe auduga sosai ita ce tamu, wato kudancin Katsina da arewacin Zazzau har zuwa Gusau. Shi ya sa tun a shekarun 1920 aka kafa gonar fitar da irin auduga a Daudawa, cikin ƙasar Faskari, aka kuma ja hanyar jirgi daga Zariya ta bi ta Funtuwa zuwa Ƙaurar Namoda.

Da aka doshi samun mulkin kai, shugabanninmu suka ga bai kamata mu riƙa sayar da ɗanyar auduga muna sayen alawayyo daga Ingila ba. A 1957 aka buɗe masaƙar Kaduna ta farko, wato KTL. A tsakiyar shekarun 1960 aka sami UNTL da Arewa Textiles, sannan a ƙarshen shekarun 1970 aka kafa masaƙar Funtuwa a nan ƙofar gidanmu. Alƙaluman da masu masaƙu suka saba bayarwa sun nuna an taɓa samun masaƙu wajen 175 a ƙasar nan, kuma in ban da gwamnati ba wanda ya kai su ɗaukar ma'aikata. Wanda ya san Kakuri a lokacin ya san in aka busa tashi daga aiki, kekuna ba sa barin mota ta wuce.

To, me ya faru? Ba abu ɗaya ne ya kashe masaƙunmu ba. A 1986 aka rushe hukumar cinikin auduga a ƙarƙashin shirin SAP. Hukumar tana da nata laifi, domin ta daɗe tana danne wa manomi farashi, amma ita ce take raba iri mai kyau, take tantance kaya. Da ta tafi ba a aje komai a gurbinta ba. Iri ya cakuɗe, aka fara zuba auduga a buhun leda, zaren leda kuwa in ya shiga auduga ba ya karɓar rini, sai ka ga an saƙa yadi duk ya yi zane-zane. Na sha ganin an mai da kaya saboda wannan. Bayan haka ga rashin wutar lantarki, ga tsadar baƙin mai da ake hura tukunyar masaƙa da shi, ga injuna sun tsufa. A 1997 aka ɗage takunkumin shigo da yadi, ga kuma fasa-ƙwauri da ake yi ta Kwatano da Maraɗi. KTL ta tsaya a 2002, UNTL ta rufe masaƙarta ta Kaduna a 2007. Gwamnati ta ware bashin naira biliyan 100 don farfaɗo da harkar wajen 2010, Babban Banki kuma ya hana masu shigo da yadi kuɗin waje a 2019, ya janye hanin a 2023. Duk da haka Kakuri ba ta koma yadda take ba. Manomanmu kuwa suka ga masara da waken soya sun fi sauƙin sayarwa, suka juya.

Amma kada mu ɗauka mu kaɗai abin ya shafa. Duniyar ce ta sauya, kuma ina so mu dubi sauyin ta fuska huɗu.

Na farko, wurin da ake yin kayan. A 2001 ƙasar Sin ta shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya, sannan daga ranar 1 ga Janairu 2005 aka soke tsarin da ya ƙayyade yawan tufafin da kowace ƙasa za ta iya kaiwa Turai da Amurka. Nan da nan Sin ta mamaye kasuwa. Masaƙun Ingila da na Amurka ma da yawa sun rufe kamar namu. Da albashi ya tashi a Sin, sai kamfanoni suka riƙa matsawa Biyetnam da Kambodiya da Bangaladash, har Habasha ta buɗe unguwar masana'antun ɗinki a Hawassa a 2016. Wannan sana'a ba ta da amana, duk inda lada ya fi arha can take komawa.

Na biyu, abin da ake yin kayan da shi. Fiye da rabin zaren da duniya take yi a yau na roba ne, wato poliyesta, wanda ake samu daga man fetur. Rabon auduga bai wuce kashi ɗaya cikin biyar ba, ko sama da haka kaɗan. Yawancin yadin maza da atamfa mai arha da muke sayarwa a Kantin Kwari roba ce. Shi ya sa za ka ji mutum yana kukan rigarsa tana dafa shi a watan Afrilu.

Na uku, ma'aikata. Bangaladash ba ta noma audugar kirki, sayowa take yi, har daga Binin da Mali da Barkina Faso. Amma tana da mutum wajen miliyan 4 a masana'antun ɗinki, mata sun fi yawa, kuma fiye da kashi 80 cikin 100 na abin da take sayarwa waje tufafi ne. Sai dai arhar tana da mai biyanta. Ranar 24 ga Afrilu 2013 wani bene mai suna Rana Plaza ya rufta kan masu ɗinki a kusa da birnin Daka, mutum 1,134 suka mutu. Ko da aka ƙara musu albashi a ƙarshen 2023, mafi ƙanƙantarsa bai wuce dala 113 a wata ba. Don haka in mun ce muna son masana'antu, ba irin wannan muke roƙo wa 'ya'yanmu ba.

Na huɗu, masu saye. A da mutum yakan yi ɗinki sau biyu a shekara, Ƙaramar Salla da Babba, riga kuma ta yi shekaru har a bar wa ƙane. A Turai da Amurka yanzu matasa suna sayen riga ta wayar hannu daga kamfanoni irin su Shein da Zara, su sa ta sau kaɗan su yar. An ƙiyasta tufafin da ake ɗinkawa a duniya sun ninka biyu tsakanin 2000 da 2015. Ina waɗanda aka yar suke zuwa? Su ne ake ɗaurewa dila-dila a turo mana. Kasuwar Kantamanto ta Ankara a ƙasar Gana kaɗai tana karɓar tufafin gwanjo wajen miliyan 15 a kowane mako, da yawansu kuma tsumma ne da ke ƙarewa a juji. Namu gwanjon ma da ake kasawa a Ƙofar Wambai da kasuwannin Sheme da Dandume hanyarsa ke nan. Ban zo zagin gwanjo ba, domin shi yake rufa wa talaka asiri da sanyi. Abin da nake so mu lura da shi shi ne mun tashi daga masu noma da saƙa, mun koma masu jiran abin da wasu suka gaji da shi.

Jama'a, ba zan yi wannan magana in tsallake abin da ya fi damunmu ba. Ƙananan hukumominmu uku suna bakin daji, kuma kowa ya san abin da muka gani a hannun 'yan bindiga. Ba mu manta daren 11 ga Disamba 2020 ba, da aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar kimiyya ta Ƙanƙara. Auduga kuwa tana son wata biyar zuwa shida a gona, da feshi, da tsinka sau biyu ko uku. Manomin da ba ya iya kwana a garinsu ba zai shuka ta ba. Sai da zaman lafiya ake komai. Amma ni a ganina igiyar biyu ce a haɗe, domin saurayin da da zai sami aiki a gona ko gidan gurza ko masaƙa, yau yana zaune hannu rabbana, zaman banza kuwa kowa ya san abin da yake haifarwa.

To, mene ne abin yi? Ba zan ruɗe ku in ce za mu kara da Sin wajen singileti mai arha ba. Amma akwai abin da har yanzu yake hannunmu. Bahaushe bai daina sayen yadi ya kai wa tela ba. Kaftani da babbar riga da hula zanna da ɗinkin mata, duk a gida ake yinsu, kuma a kowace unguwa akwai keken ɗinki. Wannan babbar masana'anta ce, ba a dai lissafa ta. Ita ma jallabiya da abaya ɗinkakku na waje sun fara cin gefenta. Makwabciyarmu Binin, wadda take cikin ƙasashen da suka fi noma auduga a Afirka, ta kafa unguwar masana'antu a Glo-Djigbe don ta riƙa saƙa audugarta tana ɗinkawa maimakon ta sayar da ita ɗanya. In sun iya, mu ma ba a ɗaure mana hannu ba.

Saboda haka ina kawo wa ƙungiya shawara guda huɗu, waɗanda ba sai mun jira Abuja ba.

Ɗaya, yunifom ɗin makarantarmu. Mu nemi izinin hukumar makaranta da ƙungiyar iyaye, mu sayi yadin a dunƙule daga masaƙar da take saƙawa a cikin ƙasar nan, mu raba ɗinkin ga telolin Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, da sharaɗin kowane tela ya ɗauki yara biyu koyon aiki. In abin ya yi kyau, sauran makarantu za su biyo mu.

Biyu, cikin tallafin karatu da muke bayarwa, mu ware gurbi biyu ga ɗaliban da za su karanta fannin saƙa a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ko Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna. Mu da muka san injin muna ta ƙarewa. Ranar da za a sake tada masaƙa kada a rasa mai juya ta.

Uku, manoman da ke cikinmu su haɗa kai su zama ƙungiya, su sayi tsabtataccen iri daga Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru, su daina zuba kaɗa a buhun leda, su yi ciniki kai tsaye da gidan gurza tun kafin shuka. Ku tuna wajen kashi ɗaya cikin uku ne kawai na abin da manomi ya kai yake zama auduga gurzajjiya, sauran gurya ce, ita ma kuɗi ce, ana yin mai da abincin dabbobi da ita. Manomin da ya san haka ba a yi masa wayo wajen farashi.

Huɗu, a ware 'yar kadada a gonar makaranta a shuka auduga, a kuma gayyato tsofaffin da suka rage masu kaɗi da saƙa su nuna wa ɗalibai. Kwanan baya na nuna wa jikata mazarin kakarta, ta tambaye ni ko abin wasa ne. Ban yi dariya ba.

Ni a nawa ɓangaren, na ɗauki alkawarin yadin yunifom na ɗalibai marayu ashirin a zangon karatu mai zuwa, kuma ina roƙon sakatare ya rubuta don a tambaye ni baɗi. Hausawa sun ce da yayyafi kogi kan cika. Ina fata kafin mu tashi a naɗa kwamitin mutum biyar da zai kawo rahoto a taro na gaba.

Allah ya jiƙan iyayenmu da malamanmu da suka riga mu gidan gaskiya. Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya, ya mai da manomanmu gonakinsu, ya albarkaci wannan makaranta da ɗalibanta.