Wa Zai Kai Baƙon Birnin Shehu Wurno? Batun 'Yan Jagora da Ziyarar Yini Guda

Mintunan da aka ba ni kaɗan ne, don haka zan shiga magana.

Duk lokacin da aka zauna kan yawon buɗe ido a jihar nan, maganar otal ake yi, da bikin al'adu, da baƙin da za su zo daga Turai. Ni batuna bai kai nan ba. Ina magana ne kan mutumin da ya riga ya iso Sakkwato, karon farko a rayuwarsa, yana da yini guda a hannu da kuɗin shatar mota a aljihu. Irinsa ba su da wuyar gani. Akwai malamin da ya zo taro Jami'ar Usmanu Danfodiyo, akwai ɗan hidimar ƙasa, akwai ma'aikacin da aka yi wa canjin wurin aiki, akwai 'yan ɗaurin aure daga Kano ko Ilorin. Sama da duka akwai masu ziyara daga Nijar da Gana da Kamaru da Sudan, waɗanda ba tallar kowa ce ta kawo su Hubbaren Shehu ba. Tambayata ita ce, idan wannan baƙo ya fito ƙofar masaukinsa da safe ya ce yana son wanda zai zagaya da shi, hannun wa zai faɗa?

Kowa a ɗakin nan ya san amsa. Zai faɗa hannun direban shata ko ɗan kabu-kabu. Za a kai shi Hubbare ya yi addu'a, a bi da shi ta ƙofar fadar Sarkin Musulmi ya ɗauki hoto, a nuna masa Masallacin Shehu da na Bello, in an yi sa'a a leƙa gidan tarihi na Waziri Junaidu, sai kasuwa ya sayi kilishi da takalmin fata. Kafin azahar an gama. Ban ga laifin direba ba, abin da ya sani ya bayar. Amma baƙon zai koma gida yana zaton daular da aka kafa a ƙarni na 19 daga cikin ganuwar Sakkwato kaɗai aka tafiyar da ita, kuma wannan ba daidai ba ne.

Muhammadu Bello ne ya gina Sakkwato a 1809, Shehu ya rasu a cikinta a 1817. Amma Bello da ya zama Sarkin Musulmi bai zauna daram a birni ba. Ya kafa ribaɗi a Wurno, a bakin Gulbin Rima, yana fuskantar inda Gobirawa da Azbinawa ke ɓullowa, ya mai da shi mazauninsa a ƙarshen rayuwarsa. Yaƙin Gawakuke na 1836 a wannan zamani aka yi shi. A Wurno ya rasu a 1837, kuma a can kabarinsa yake. Ɗansa Aliyu Babba, wanda ya yi sarauta daga 1842 zuwa 1859, a Wurno ya zauna. Da Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda aka sani da Abdulkarim, ya zo a 1853, bai sami Sarkin Musulmi a Sakkwato ba. Ya gana da Aliyu a sansanin yaƙi a Gawasu, sannan ya yi makonni a Wurno yana jiran dawowarsa, Sakkwato kuwa leƙa ta ya yi na 'yan kwanaki. Ya ƙiyasta mutanen Wurno a lokacin tsakanin 12,000 da 13,000. Da ya dawo daga Tumbuktu a 1854, Wurno ya sake sauka. Har zamanin Sarkin Musulmi Abdurrahman, 1891 zuwa 1902, Wurno mazaunin sarki ce. Nana Asma'u ma, wadda muke ambato a kowane taro kan ilimin mata, ta yi zama a Wurno, kodayake a Hubbaren Shehu aka binne ta a 1864.

Ribaɗi a wurin Bello ba sansanin soja kawai ba ne. Wurin zaunar da makiyaya ne, a koya musu noma da karatu, a jawo masaƙa da maƙera da majema, a buɗe kasuwa. Wanda ya karanta wasiƙar da ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje, wadda aka sani da Usulus Siyasa, zai ga yadda ya ɗora wa shugaba nauyin raya masu sana'a da gyaran kasuwanni da hanyoyi. Wurno ita ce inda ya gwada abin da ya rubuta. Baƙo ba zai gane wannan a cikin ɗakin gidan tarihi ba. Sai ya tsaya a kan tudun garin, ya dubi fadamar da ke ƙasa da shinkafarta da albasarta da tafarnuwarta, sannan wani ya ce masa ga dalilin da ya sa aka zaɓi nan. Garin bai kai kilomita 50 daga Sakkwato ba. Mutum ya taso daga Accra ko Khartoum saboda Shehu da Bello, ya koma bai je kabarin Bello ba don babu wanda ya gaya masa tafiyar awa guda ce, wannan hasara ce da ba a ɗora wa baƙo.

Rabah kuma ita ce ke haɗa wancan ƙarni da namu. Abubakar Atiku na Rabah, ɗan Bello, ya yi Sarkin Musulmi daga 1873 zuwa 1877. Jikan Atikun shi ne Ahmadu Bello. A Rabah aka haife shi, mahaifinsa Ibrahim yana hakimi. Ya gama Kwalejin Katsina a 1931, ya koyar a Midil ta Sakkwato, ya dawo Rabah hakimi a 1934, aka naɗa shi Sardauna a 1938, ya zama Firimiyan Jihar Arewa a 1954. Littafinsa na 1962 da Rabah ya buɗe. Kowace 15 ga Janairu, ranar da aka kashe shi a 1966, ana cika ɗakunan taro a Kaduna ana yabonsa, ana rantsuwa da bin sawunsa. Ina so waɗanda suke waɗannan jawabai su gaya mana, tun 1966 wane tsari aka yi don ɗan makarantar da ke son ganin garin da aka haifi Sardauna ya samu wanda zai karɓe shi ya yi masa bayani?

To abin da nake nema a wurin gwamnati ba gini ba ne. Mutum nake nema, wato ɗan jagora wanda aka horar, aka jarraba, aka ba shi shaida, baƙo zai iya ɗaukarsa shi kaɗai ko da iyalinsa daga safe zuwa la'asar a kan farashin da aka sani. Ba sabon abu ba ne ga jama'armu. Duk alhajin da ya je Madina an sa shi a mota an kai shi Ƙuba da Uhudu da Ƙiblataini, da mai bayani a gaba yana magana da Hausa. Mun yarda da wannan a can, mun biya, mun dawo muna ba da labari. A Masar da Maroko ba ka jagorancin baƙi a hukumance sai da lasisi. Turkiyya ta yi wa sana'ar doka ta musamman a 2012. Maƙwabtanmu na Agadas, da garinsu ya shiga jerin kayan tarihin duniya na UNESCO a 2013, sun daɗe da sanin cewa jagora sana'a ce da ake ci da iyali da ita.

Idan an tayar da maganar, amsar da ake bayarwa ita ce wai yawon buɗe ido hurumin Abuja ne. Wannan uzuri ya mutu tun Yulin 2013, lokacin da Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar Gwamnatin Tarayya da Jihar Legas, ta ce ikon tarayya ya tsaya ga zirga-zirgar baƙi masu shigowa ƙasa, rajista da tsara harkar otal da makamantansu kuwa na jihohi ne. Ke nan Majalisar Dokokin Jiha tana iya yin dokar rajistar 'yan jagora a zama ɗaya. Malaman da za su koyar ma ba sai an yi hayarsu daga waje ba. Jami'armu tana nan tun 1975, Sashen Tarihi da na Larabci da na Harsunan Nijeriya suna yaye ɗalibai kowace shekara, da yawansu suna zaune a gida da takarda a akwati. Rubuce-rubucen Waziri Junaidu suna nan, littafin Murray Last na 1967 yana nan, na Jean Boyd kan Nana Asma'u na 1989 yana nan. A 2004 aka yi bikin cikar daula shekara 200, aka tara masana daga ko'ina, aka gabatar da takardu masu nauyi. Ilimin ya taru. Abin da ba a yi ba shi ne sauko da shi daga kan shiryayye zuwa bakin saurayin da zai tsaya gaban baƙo.

Wasu za su ce ai akwai masu kula da Hubbare, a Sakkwato da Wurno, kuma suna bayani. Gaskiya ne, kuma duk tsarin da ya ture su gefe ya rushe tun kafin a fara. Su ne masu wurin, sun gaji hidimar, sun san ladubban shiga da inda mata ke tsayawa da inda ba a ɗaukar hoto. Ɗan jagora aikinsa ya kawo baƙo ya miƙa musu a ƙofa, ya karɓe shi idan ya fito, ya haɗa masa abin da ya ji a nan da abin da zai gani a gaba. Shi ya sa dole Majalisar Sarkin Musulmi da Sarkin Sudan na Wurno da Sarkin Rabah su kasance cikin masu tantancewa. Kuma a horar da mata. Kaso mai yawa na masu ziyara mata ne, kuma garin da ya fitar da jajis, malamai matan 'Yan Tarun Nana Asma'u, bai kamata ya rasa macen da za ta jagoranci mata ba.

Yinin kansa yana da tsari da sai ɗan gari ya san shi. Daga Maris zuwa Mayu zafi yakan wuce digiri 40, wanda ya sa baƙo yawo da ƙafa tsakar rana ya cuce shi. Hubbare da safe, filin Giginya inda aka gwabza da Turawa ranar 15 ga Maris 1903 a bi ta kansa da bayanin fitar Sarkin Musulmi Attahiru har zuwa Burmi, sannan a kama hanyar Achida a yi azahar a Wurno, a ci abinci a can domin kuɗin ya zauna a can. Rabah kuwa sai a duba lokaci da halin hanya. A dawo gari kafin magariba. Ranar Juma'a tsarinta daban. Majema da dukawa, masu aikin fatar jar akuyar Sakkwato, su ma suna da wuri a cikin yinin, ba sai na tsaya a kansu ba.

Goronyo ba na cusa ta cikin wannan yini, yininta daban ne, kuma baƙinta daban: ɗaliban aikin gona, injiniyoyi, masu neman zuba jari a noman rani. An gama madatsar a 1984, aka ƙaddamar da ita a 1992, tana ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 942, ita ke shayar da Sakkwato da noman ranin tsakiyar kwarin Rima. Ɗan jagora na gaskiya zai faɗi wannan, zai kuma faɗi ambaliyar Satumbar 2010 da ta cinye ƙauyuka ta yanke hanyar jami'a, da yadda ruwan ya ja baya ƙwarai a 2018 har hankalin birni ya tashi. Baƙo mai hankali ba yabon gwamnati ya zo saurare ba.

Na san abin da ke ran kowa, tsaro. Ba zan yi kamar ban san harin Tabanni na Yulin 2018 ba, da 'yan gudun hijirar da suka cika Gandi, da harin kasuwar Goronyo na Oktoban 2021 inda aka kashe mutum fiye da 40. Waɗannan 'yan'uwanmu ne, kuma babu wanda zai ce a kwashi baƙi a shiga daji. Amma a lura, baƙin ziyara ba su daina zuwa ba, kuma wasunsu suna kama hanyar gabas da kansu, ba su san wace hanya ake bi da wane lokaci ba. Rashin ɗan jagora bai kare kowa ba. Mutumin da ke da rajista, yana da lambar hakimi da ta jami'an tsaron yankin, wanda zai buga waya da asuba ya ji labarin hanya, yana da ikon cewa yau ba a zuwa Rabah, a tsaya birni, ya fi direban da ba ya son rasa kuɗin shata. Jami'an da ke cewa a jira sai an samu zaman lafiya sannan a fara horarwa, ina tambayarsu, kafin 2018 da ake tafiya dare da rana, wa suka horar?

A ƙidayar 2006 ƙaramar hukumar Wurno tana da mutum 162,307, Rabah 149,165, Goronyo 182,296. Kusan rabin miliyan ke nan tun wancan lokaci. Rahoton Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa na 2022 ya sa jiharmu a kan gaba wajen talauci mai fuskoki da yawa, kusan kashi 91 cikin 100. Ba na da'awar jagorancin baƙi zai sauya wannan adadi. Amma kuɗin da baƙo ya kashe a yini guda yana shiga hannun direba da mai abinci da baduku da mai albasa kai tsaye, ba ya bi ta hannun ɗan kwangila. Ina zargin wannan na cikin dalilan da suka sa ba a ɗokin abin a ofisoshi.

Ina roƙon wannan taro ya sa a cikin takardar bayan taro cewa ma'aikatar da ke kula da al'adu da yawon buɗe ido ta zauna da jami'a da Majalisar Sarkin Musulmi su fitar da manhajar wata uku, a ɗebi rukunin farko daga matasan Sakkwato da Wurno da Rabah da Goronyo, maza da mata, a fifita masu jin Fulfulde ko Faransanci ko Larabci saboda baƙin ƙetare. A manna sunayensu da farashinsu a filin jirgin Sultan Abubakar III da tashoshin mota da otal-otal. A sa wa'adi, kuma a rubuta sunan ofishin da za mu tambaya idan wa'adin ya cika.