A. R. Rahman: Marayan da Ya Riƙe Gadon Ubansa



Mu da muka tashi da kallon finafinan Indiya, waƙar muke riƙewa da fuskar jarumi, ba kasafai muke tambayar wanda ya tsara kiɗan ba. Yau za mu waiwayi ɗaya daga cikin irin waɗannan mutane, wato A. R. Rahman.

An haife shi a 1967 a Madras, birnin da yanzu ake kira Chennai, a kudancin Indiya. Mahaifinsa, R. K. Shekhar, mai tsara kiɗan fim ne, ya rasu yaron yana da shekara 9. Da kuɗin hayar kayan kiɗan da ya bari aka riƙa ciyar da gidan. Yana ɗan shekara 11 ya fara kaɗa fiyano a ƙungiyar makaɗa, daga bisani neman abinci ya katse masa karatu.

Ya yi shekaru yana kiɗan talla, inda ya koyi isar da saƙo cikin 'yan daƙiƙoƙi, har ya gina ɗakin ɗaukar sauti a gidansu. A 1992 darakta Mani Ratnam ya ba shi fim ɗin Roja, wanda ya jawo masa lambar yabo ta ƙasa. Sai Dil Se a 1998, da Lagaan a 2001. A 2009 ya karɓi kyautar Oscar biyu saboda Slumdog Millionaire.

To, yaya yake aikinsa? Da dare ya fi yi, lokacin da gari ya yi tsit. Yakan ɗauki kiɗan gargajiyar kudancin Indiya da salon begen Sufaye, ya haɗa su da kayan kiɗan Turawa da na lantarki. Yakan bar mawaƙi ya rera baiti ta hanyoyi daban-daban, sannan ya zauna gaban kwamfuta ya tsince mafi kyau ya ɗinke. Kuma labarin fim ne ke ja masa gora. Fim ɗin Bombay na 1995 kan rikicin Hindu da Musulmi yake, amma babban kiɗansa sarewa ce a hankali, mai sa ɗan kallo jimamin rayukan da aka rasa.

Da ya samu, bai manta da garinsu ba. A 2008 ya kafa makarantar kiɗa a Chennai, kuma gidauniyarsa na koyar da 'ya'yan talakawa kyauta.

Jama'a, shekarun da muka yi riƙe da rajistar makaranta, mun sha jan layi a kan sunan maraya mai hazaƙa saboda babu mai biya masa kuɗin jarrabawa. Rahman ya tarar da kayan aikin ubansa. Namu marayun, mu ne gadonsu. Muna roƙon kowane reshe ya ɗauki nauyin ko da yaro ɗaya kafin taro mai zuwa.

Allah ya ba mu iko. Wassalam.