Mugun Da Ke Kai 'Yarsa Makaranta

 

An ce in yi magana a kan abin da yaranmu ke kallo. Ni kuwa na ga gara in fara da wanda mu manya muka kasa daina kallo, wato wasan talabijin na Amurka mai suna The Sopranos. David Chase ne ya tsara shi, tashar HBO ta nuna shi daga 1999 zuwa 2007, kashi 86. Tauraronsa James Gandolfini ya mutu tun 2013, amma har gobe ana kallonsa.

Ba harbe-harbe ke riƙe mutane ba. Tony Soprano shugaban miyagu ne a jihar New Jersey, amma in an tambayi sana'arsa sai ya ce harkar kwashe shara. Magidanci ne mai 'ya'ya biyu, ga uwa mai wuyar sha'ani wadda har ta zuga baffansa a kashe shi. A kashi na farko, agwagin dajin da suka sauka a gidansa suka tashi, sai ga ƙato ya yanke jiki ya faɗi. Duk wanda ya ga fadamar Baturiya bayan baƙin tsuntsayen hunturu sun tafi, ya san wannan kewa.

A kashi na biyar ya kai 'yarsa duba jami'o'i. A hanya ya hangi tsohon abokin harkarsu da ya tona musu asiri wurin hukuma. Ya ajiye yarinyar, ya je ya shaƙe shi har lahira, ya dawo ya ɗauke ta. Wallahi, jama'a, sai na tarar ina fatan kada a kama shi!

Ba a jima ba na gamu da irinsa a ofis. Dattijo ne mai fara'a, ba bindiga, ba wuƙa. Ya tambayi lafiyar mahaifiyata, sannan ya miƙo takardar biyan kuɗin wata jinga wadda na san ba a zuba mata ko kwandon ƙasa ɗaya ba. Ya ce duk rufin asiri ne. Mu mutanen Haɗejiya da muka ga ambaliyar 2022 mun san abin da jinga take tarewa.

Ban sa hannu ba, amma ban kai ƙara ba. Wani ya sa. Har yanzu ni da dattijon muna gaisawa a masallaci, kuma ni nake fara miƙa hannu.