Asibitin da Ba Shi da Majinyaci



Daga 1980 zuwa 1984 gidan talbijin na BBC ya nuna wasan barkwanci mai suna Yes Minister, wanda Antony Jay da Jonathan Lynn suka rubuta, kusan kowane kashi rabin awa. Daga cikin taurarinsa akwai minista Jim Hacker, da babban sakatarensa Sir Humphrey Appleby, wanda ya ƙware wajen amsa umarni da ladabi, sannan ya binne shi a cikin fayil.

A wani kashi na 1981, minista ya gano wani sabon asibiti mai ma'aikata sama da 500, amma babu likita, babu majinyaci ko ɗaya. Da ya tayar da jijiyar wuya, sai aka nuna masa cewa kowa na aiki tuƙuru: ana taro, ana rubuta rahoto, ana kula da lissafi. Ba wanda ya saci kwabo, ba wanda ya karya doka. Abin da ya ɓata kawai shi ne dalilin da ya sa aka gina asibitin.

Wannan ba baƙon labari ba ne gare mu, domin daga Turawan Ingila muka gaji tsarin aikin gwamnati. Dattijon da ya yi wa ƙasa hidima shekara 35 yana tsaye a rana, ana tantance ko yana raye, alhali albashin ma'aikacin bogi bai taɓa makara ba. Wa ke cikinmu bai ji “ka dawo gobe, oga ba ya nan” ba?

Ba mu rasa gwanaye ba. Marigayi Usman Baba Pategi ya sa jama'a dariya da rayuwar bariki a wasan Samanja, a zamanin da soja ke mulki. Sai dai barkwancinmu ya fi kama mutum: azzalumi, marowaci, ɗan siyasa mai romon baka. Shi kuwa tsarin da ke mayar da mutumin kirki katanga, da wuya mu taɓa shi.

'Yan'uwa, da yawanmu ofisoshin nan za mu koma da digirorinmu. Ranar da tsohuwa ta tsaya gaban teburinka da takardun fanshon mijinta, ka tuna da asibitin nan, ka tambayi kanka: don wa aka ajiye teburin?