Rabi da Sulusi, Nawa Ke Nan?

Kowa ya ɗauki allonsa, yau lissafinmu a kan abin da bai cika ɗaya ba ne.

Ga wani manomi, ya karɓi gona a kan zai ba mai ita rabin dawar da ya noma. Da abinci ya ƙare masa da damina, sai ya ci bashi, ya yi alkawarin zai biya da sulusin dawar nan duka. To, nawa ya fita daga hannunsa?

Ku rubuta: 1/2 + 1/3. Lambar ƙasa ita ke gaya mana kashi nawa aka kasa abin. Ta sama kuwa, kashi nawa aka ɗauka.

Mai gaggawa sai ya haɗa na sama ya sami 2, ya haɗa na ƙasa ya sami 5, ya ce 2/5. Kul! Kada ku yi haka. Ai 2/5 bai ko kai rabi ba. Yaya za a yi wa rabi ƙari, sa'an nan ya ragu?

Dalili shi ne, rabi da sulusi girmansu ba ɗaya ba ne. Wanda ya auna hatsi mudu guda, ya ƙara gwangwani guda, ba ya cewa ya auna biyu. Biyu na me? Sai an auna da ma'auni ɗaya tukuna.

Don haka sai mu nemi lambar da 2 da 3 duk za su shiga cikinta ba saura. 4 ba ta yi ba, don 3 ba ta shiga daidai. 5 ma haka. 6 ta yi. To, mu kasa dawar kashi 6. Rabinta kashi 3, watau 3/6. Sulusinta kashi 2, watau 2/6. Yanzu kashin duk girmansu ɗaya, sai mu haɗa na sama kaɗai, mu bar 6 a inda take. 3/6 + 2/6 = 5/6.

Mu gwada da dami. A ce ya sami dami 30. Mai gona 15, mai bashi 10, duka 25. Saura dami 5 kacal, da su zai ci da iyalinsa har wata kaka. Da ya bi lissafin mai gaggawa, sai ya zaci dami 18 za su shiga rumbunsa.

Dattawanmu ma sun san wannan tun zamanin sule, kafin naira ta zo a 1973. Sule kwabo 12 ne. Rabinsa sisi, kwatansa taro. Sisi da taro nai ke nan, kwabo 9, watau 3/4 na sule. Da kwabo suke aunawa, shi ya sa ba su ruɗewa.

Ga aikin gida: 1/3 + 1/4. Ku fara neman lambar da 3 da 4 za su shiga ba saura. Kowa ya zo da amsarsa gobe da la'asar.