Jawabi: In Mutuwa Ta Riga Hukunci, Wa Ke Cin Gado?



Ga wata mas'ala da ke raba zumunta a ƙasar Maraɗi. Alƙali ya raba aure, miji ya ƙi yarda ya ɗaukaka ƙara, kafin a sake zama sai ta Allah ta kasance a kansa. Ranar rabon gado ƴan'uwansa su ce matar sakakkiya ce, danginta su ce matar mamaci ce. Abin da ake ja a kai gona ce, a ƙasar da gona ta yi wa mutane kaɗan.

Ita ƙarar sakin, mutuwa ta kashe ta, domin babu sauran igiyar da za a tsinke. Abin da ya rage shi ne a san matsayin auren ranar rasuwa, kuma a nan Nijar hanya biyu ce. Ga auren da aka ɗaura bisa dokar farar hula da aka gada daga Faransa, hukuncin da aka ɗaukaka ƙara a kansa bai zartu ba, saboda haka wanda ya rage yana nan a matsayin mata ko miji. Amma tun dokar 16 ga Maris 1962, wadda ta 2004 da ta 2018 suka biyo bayanta, al'ada ake bi a sha'anin aure, saki da gado, alƙali na zama tare da masana al'adar masu ƙara. Al'adar galibin mutanen nan kuwa ta jingina ga mazhabar Malikiyya.

A Malikiyya, irin sakin ake dubawa. In saki ne na kome, miji ya rasu cikin idda, matar za ta koma takaba, wata 4 da kwana 10 in ba ta da ciki, ta kuma ci gado: tumuni in akwai ɗa, rubu'i in babu. In saki uku ne ko hul'i, babu gado tsakaninsu. Sakin da alƙali ya yi yankakke ne, sai wanda aka yi don rashin ciyarwa ko rantsuwar ƙaurace wa mata. Wanda kuma ya saki matarsa cikin ciwon ajali, Imamu Malik ya ce za ta gaje shi ko da iddarta ta cika.

Ashe ke nan rabon marayu da uwarsu ya rataya ga abu biyu: ranar saki da irinsa. Saki na fatar baki a zaure, in mai shi ya kwanta dama, kowa sai ya kawo shaidun da suka yi masa daɗi. Kundin dokar iyali da aka yi ta jayayya a kansa cikin shekarun 1990 bai samu karɓuwa ba, yunƙurin 2011 ma ya bi sahunsa.

Saboda haka wajibi ne sarakuna da masu gari, waɗanda doka ta ba ikon sulhu, su riƙa rubuta kwanan wata da adadin saki, ma'aurata kuma su nemi takarda wurin alƙali tun kowa na da rai. Kada a taɓa rumbu ko a yanka gona sai an warware matsayin matar.

Allah ya sa mu cika da imani. Wassalam.