Matar Da Ta Sayi Gona Da Zanen Zomo

Wannan shi ne jawabin da wata malamar yaƙi da jahilci ta yi wa ɗaliban ajin manya a Gonin Gora, cikin Ƙaramar Hukumar Chikun. Mun kawo muku shi domin amfanin kowa.

 

Kowa ya duba littafin da muke karatu da shi. A saman kalma akwai hoto. Ga akuya, ga tulu, ga fartanya. Kafin ka iya haɗa baƙi da wasali, hoton nan ne ya raɗa maka abin da aka rubuta. To, wani mutum ne ya zauna ya zana shi, kuma sana'a ce da ake ci da ita. Yau zan ba ku labarin wata mai wannan sana'a, 'yar ƙasar Ingila. A kan littattafanta an rubuta sunanta Beatrix Potter, mu kuwa sai mu ce Biyatiris Fota.

An haife ta a birnin Landan ran 28 ga Yuli, 1866. Iyayenta masu hali ne, amma ba su sa ta makaranta ba. A gida aka ɗaukar mata malamai mata. Ba ta da ƙawayen wasa sosai, sai ƙanenta guda. Su biyun suka cika ɗakinsu da dabbobi: zomaye, ɓeraye, bushiya, kwaɗi, har da jemage. Sai ta zauna ta ƙura wa dabba ido, ta ga yadda take tafiya, da yadda take barci, sa'an nan ta zana. In dabba ta mutu, sukan duba ƙasusuwanta don su gane yadda jikin ya haɗu. Shi ya sa zomon da ta zana, ko an sa masa riga, kana gani ka san zomo ne na gaske.

Akwai wani abin da ya haɗa ta da mu. Bayin da aka kwasa daga Afirka zuwa Amurka sun tafi da tatsuniyoyinsu na zomo mai wayo. Daga baya aka buga su a littafi. Biyatiris ta karanta su, ta so su, har ta zana musu hotuna. Kun ga ashe zomon da kakanninmu ke ba da labarinsa da dare ya yi tafiya mai nisa.

A shekarar 1893, ɗan tsohuwar malamarta ya kwanta rashin lafiya. Yaro ne ɗan shekara 5. Biyatiris ta so ta faranta masa rai, sai ta rubuta masa wasiƙa. A cikin wasiƙar ta ba shi labarin wani zomo mai suna Pita, ta yi zane a gefe. Uwar Pita ta gargaɗe shi kada ya shiga lambun wani tsoho. Pita ya ƙi ji, ya shiga ya ci ganye har cikinsa ya ɗaure. Mai lambu ya biyo shi a guje. Da ƙyar ya sha, ya bar rigarsa da takalmansa a can. Da dare 'yan'uwansa suka ci abinci mai daɗi, shi kuwa aka ba shi jiƙo ya kwanta. Mu ma mun san wannan: wanda bai ji bari ba, ya ji hoho.

Bayan shekara bakwai ta aro wasiƙar nan, ta mai da ita littafi. Ta aika wa kamfanonin buga littattafai, duk suka ƙi karɓa. Ba ta yi zuciya ba. A watan Disamba na 1901 ta buga guda 250 da kuɗinta. Suka ƙare nan da nan. Sai kamfanin Frederick Warne, wanda da ya ƙi, ya sake shawara. Ya ce ta yi wa hotunan launi. A watan Oktoba na 1902 littafin ya fito. Kafin shekarar ta ƙare an buga guda 28,000.

Abu biyu ta nace a kansu. Ta ce littafin ya zama ƙarami, yadda hannun yaro zai iya riƙewa. Ta kuma ce kada ya yi tsada. Aka sayar da shi sule ɗaya. A kowane buɗi, rubutu kaɗan ne a gefe guda, hoto a ɗaya gefen. Yaron da bai iya karatu ba zai bi labarin da ido, har ya fara tambaya, "Wannan kalmar fa, me ta ce?" Ta yi irin waɗannan ƙananan littattafai guda 23. An fassara labarin Pita cikin harsuna fiye da 30.

To, me ta yi da kuɗin? Nan ne nake so manoman cikinmu su kasa kunne. A 1905, tana da shekara 39, ta sayi gona a wani ƙauye da ke arewacin Ingila, ƙasar tuddai da tafkuna. Sunan gonar Hill Top, wato Kan Tudu. Ita 'yar birni ce, ba ta san noma ba. Sai ta ƙasƙantar da kai ta koya wurin mutanen ƙauyen. A 1913 ta auri wani lauya na yankin, ta tare can gaba ɗaya. Ta shiga kiwon wasu tumaki masu jure sanyi da ake kira Herdwick. Ta ɗauki ƙwararrun makiyaya aiki, tana jin shawararsu. Tumakinta suka riƙa cin gasa a wuraren nunin amfanin gona. Ta kuma taimaka aka samo wa ƙauyukan ma'aikaciyar jinya mai bi gida gida.

Da idonta ya fara rauni, zane ya ragu, noma ya ƙaru. Ta lura masu kuɗi suna sayen gonaki suna yanka su filaye don gini. Duk gonar da ta ji za a sayar, in tana da hali, sai ta saya, ta bar manoma a ciki suna aikinsu. Ta rasu ran 22 ga Disamba, 1943, tana da shekara 77. Ba ta haihu ba. Ta bar wasiyya a ba wata ƙungiyar kula da filaye, National Trust, ƙasarta mai faɗin eka fiye da 4,000, a ci gaba da noma da kiwo a kai. Mu da ke bakin hanyar Kaduna zuwa Abuja, mun ga yadda gini ke cinye gona. Mun san darajar abin da ta yi.

Yanzu bari mu dawo gida. Wasunmu in suka ga yaro yana zane a bayan littafinsa, sai tsawa, wani lokaci har da bulala. Ana cewa ɓarnar takarda yake yi. Gaskiya takarda da tsada. Amma a ba shi bayan tsohuwar kalanda, ko kwali, ko gawayi da allo, ko ma ƙasa mai laushi a tsakar gida. A ce masa ya je ya dubi kazar gidan da kyau, ya zano ta. In ya gama, ke uwa ko kai uba, ku rubuta "kaza" a ƙarƙashi da hannunku. Shi ya koyi kalma, ku kun yi bitar darasinku.

Wanda ya taɓa riƙe Magana Jari Ce na Abubakar Imam ya san yadda hotunan ciki ke jan mutum ya buɗe shafi na gaba. 'Ya'yanmu suna bukatar ƙarin irin waɗannan, da Hausa, da Gbagyi, da sauran harsunanmu. Masu zana su kuwa daga cikin yaran nan za su fito.

Ga aikin gida. Kowa ya tuno tatsuniya ɗaya da ya ji a bakin kakarsa, ta Gizo ko ta zomo. Ya rubuta ta cikin layi biyar ko shida. Kada ku ji kunyar kuskure, gyara shi ne aikina. Ku ba yaro ya zana hoto a ƙasa. Ranar aji na gaba ku zo da ita, mu karanta tare, mu ɗinke su wuri guda su zama littafin ajinmu.